Meadowlark Lemon: gwanin ƙwallon kwando ne ko wawan sarki?

Koci Sale:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Jiya bayan atisaye ɗaya daga cikin yaran da nake koya wa ƙwallon kwando ya miƙo min wayarsa, wani tsohon bidiyo ne wanda hotonsa duk ya dushe. Wani baƙin mutum sanye da shuɗiyar riga da gajeren wando mai ratsin ja da fari ya tsaya a tsakiyar fili, ya ba kwando kafaɗarsa, ya wurga ƙwallo da hannu ɗaya ta saman kansa, ta faɗa raga. Yaron ya ce, "Koci, wannan haɗi ne ko?" Na ce masa ba haɗi ba ne, Meadowlark Lemon ke nan. Ya ce bai taɓa jin sunan ba. Abin ya tsaya min a rai, shi ya sa na kawo shi nan.

Ga wanda bai san shi ba, an haife shi a 1932, ya tashi a garin Wilmington na jihar Karolina ta Arewa a kudancin Amurka, a zamanin da baƙar fata ba ya shan ruwa a famfo ɗaya da farar fata. Yana ɗan shekara 11 ya shiga sinima, kafin a sa fim aka hasko wata ƙungiya ta baƙaƙe zalla mai suna Harlem Globetrotters suna wasa da ƙwallo kamar an ɗaura musu ita a hannu. Ya fito ba shi da ƙwallo, ba shi da kwando. Sai ya samo wayar da ake rataye riga, ya lanƙwasa ta ta zama zobe, ya ɗaura mata buhun albasa a maimakon raga, gwangwanin madara kuma ya zama ƙwallonsa. Duk wanda ya taɓa naɗa ƙwallon tsumma a lungu ya san wannan yaron.

Ya gama sakandare, ya yi aikin soja shekara 2 a Turai, sannan a tsakiyar shekarun 1950 ya shiga wannan ƙungiyar da ya gani a sinima. Ya zauna a cikinta fiye da shekara 20 da riga mai lamba 36, har ya zama shi ne fuskarta. Ya rasu ran 27 ga Disamba 2015 yana da shekara 83.

Abin da ke damuna shi ne duk wanda ya san shi, da ka ambace shi sai ya ce, "Au, mai barkwancin nan." Ni kuwa ina cewa ɗan wasa ne na gaske, barkwancin ne ya rufe gwanintarsa har mutane suka daina ganinta. Ƙofar NBA, babbar gasar ƙwallon kwando ta Amurka, a rufe take ga irinsa, sai ya bi ta inda ya samu. Ina son jin ra'ayinku.

Abba Dogo:
Wa alaikumus salam Kawu. Yanzu na je na kalli bidiyonsa guda uku. Na yi dariya ba ƙarya, musamman inda yake bin mutum da bokiti, kowa na zaton ruwa ne, ya watsa wa 'yan kallo sai ga guntayen takarda. Da inda ya tsaya a layi zai yi jifan fawul, ya saki ƙwallo ta dawo hannunsa saboda roba ya ɗaura mata. Amma Kawu wannan ai dirama ce. Waɗanda suke karawa da su, Washington Generals, tare suke yawo gari gari, aikinsu ke nan su sha kashi. Mutumin da ba a tare shi da gaske, da me za a auna shi?

Koci Sale:
Abba, ban musa maka ba, akwai shiri a ciki. In lokacin barkwanci ya zo, 'yan Generals sun san ba a so su ɓata wasa. Amma ka tsaya ka yi tunani. Za ka iya biyan mutum biyar su ƙyale ka, ba za ka iya biyan zobe ya ƙara faɗi ba. Ƙafa 10 ne daga ƙasa, bakinsa inci 18, a filinsu da filin NBA duk ɗaya. Daga tsakiyar fili zuwa kwando ya haura ƙafa 40. Mutum ya tsaya can, a karkace, hannu ɗaya, bakinsa bai daina surutu ba, yana tsokanar alƙalin wasa, dubban mutane na jiran su ga ya ƙi shiga. Kuma ba dare ɗaya ba, wasa fiye da 300 suke yi a shekara. Kai da kake da tsayi da ƙarfi, ran Laraba ka gwada sau 50 ka dawo ka faɗa wa zaure nawa suka shiga.

Malam Habibu Tudun Wada:
Salamu alaikum. Koci ka taɓo inda nake so. Bari in ɗan koma baya, domin ba za a gane Lemon ba sai an gane gidan da ya shiga.

Globetrotters ba a Harlem aka kafa ta ba. A Chicago ta fito a ƙarshen shekarun 1920, a hannun Abe Saperstein, Bayahude haifaffen Landan. Sunan Harlem an maƙala shi ne don mutanen ƙananan garuruwa su san tun kafin a zo cewa baƙaƙe ne za su yi wasa. Sai a 1968 ma suka fara buga wasa a Harlem ɗin. Kuma da farko ba 'yan barkwanci ba ne, wasa suke yi na gaske da duk ƙungiyar da ta tare su. Barkwancin yakan shigo ne in sun yi wa masu masauki nisa da maki, don kada mutane su watse, kada kuma a ƙi gayyatarsu baɗi.

Abba, ga ma'aunin da kake nema. A watan Fabrairu 1948, a Chicago, gaban mutum kusan 18,000, suka kara da Minneapolis Lakers, ƙungiyar turawa zalla da ake ganin babu kamarta a lokacin, da ƙaton nan nasu George Mikan. Ba bokiti, ba roba. Globetrotters suka ci 61 da 59, Ermer Robinson ne ya jefa ta ƙarshe daidai lokacin tashi. A 1949 suka sake cin su. Shekara ɗaya bayan nan, 1950, NBA ta fara ɗaukar baƙaƙe: Chuck Cooper, da Earl Lloyd, da Nat Clifton wanda kai tsaye daga Globetrotters ya koma New York Knicks. A shekarun nan masu ƙungiyoyin NBA kan haɗa wasansu da na Globetrotters a dare ɗaya don su samu 'yan kallo. To gidan da Lemon ya shiga ke nan, ba gidan da ake ɗaukar mutum don ya iya zare ido kawai ba ne. Kujerar da ya gada kuma ta Goose Tatum ce, wanda ya bar ƙungiyar a 1955, shi ma gwani ne kafin ya zama mai ban dariya.

Maman Hanif:
Yaya Sale, Malam, na gaishe ku. Ni ina zaune a ƙasar nan shekaru da yawa, na taɓa kai yarana kallon Globetrotters na yanzu, sun ji daɗi ƙwarai. Amma maganar Lemon da zamaninsa ba ta da sauƙi a wurin baƙaƙen nan, kuma ina ganin mu da muke kallo daga nesa muna tsallake wani abu.

Akwai wani tsohon wasan dandamali a Amurka tun ƙarni na 19, inda bature zai shafa baƙi a fuska, ya zana katon leɓe, ya fito yana zare ido yana washe baki yana magana kamar dolo, turawa na ta dariya. Da wannan aka raini kakanninsu, cewa baƙin mutum yaro ne da ba ya girma, malalaci, abin dariya. To ku kalli Lemon da wannan a ranku. Muryar nan da yake siranta ta, da zare idon, da tafiyar gwame da gangan. Su wa ke cika filin? Wa ke da ƙungiyar? A kudu akwai garuruwan da sai sun yi wasa biyu, ɗaya na turawa ɗaya na baƙaƙe, in an tashi kuma otal ɗin da masu tafa musu ke kwana ba za a ba su ɗaki ba.

Ba ni na fara faɗa ba. A shekarun 1960, ana dukan mutane a titi don neman 'yancin jefa ƙuri'a, da yawa daga cikin baƙaƙe sun kalli wasan nan a matsayin abin kunya. Connie Hawkins ya yi shekara 4 a cikinsu saboda NBA ta hana shi shiga a kan zargin da ba a taɓa gurfanar da shi a kai ba, kuma da ya fito bai ɓoye ba, ya ce wasan na ƙasƙantar da kai ne don a faranta wa turawa. Bill Russell kuwa a 1956 Saperstein ya neme shi da kuɗi mai yawa, amma sai ya zauna yana ciniki da kocin Russell, wanda bature ne, ya bar wani yana ba Russell labaran ban dariya. Russell ya ce wanda bai ga ya isa a yi magana da shi ba, shi ma ba zai yi masa wasa ba. Ya tafi Boston ya ci kofi 11.

Ban ce Lemon bai iya ba. Tambayata, me aka saya a wurinsa, hannunsa ko fuskarsa?

Ɗan Damagaram:
Hajiya, maganarki ta yi nauyi, amma ki ba ni dama. Turawa suna kiransa da laƙabin da in ka juya shi Hausa kusan wawan sarki ne na ƙwallon kwando. Mu kuwa mun san wawan sarki. A fada babu mai iya duban sarki ya faɗa masa abin da wawa ke faɗa masa, ko waziri bai isa ba. Dariyar ita ce rigar da ke kare shi.

Ki sake kallon wasan ta nan. A kudancin Amurka na 1955, shekarar da aka kashe yaron nan Emmett Till a Mississippi yana ɗan shekara 14 a kan zargin ya yi wa baturiya magana, ga baƙin mutum a tsakiyar fili yana mayar da alƙalin wasa abin dariya, yana ja wa ɗan wasa bature wando, yana wuce shi da ƙwallo ta tsakanin ƙafafu, baƙaƙe biyar suna lallasa turawa kowane dare, turawan kuma sun biya kuɗinsu suna tafi. A wane waje ne kuma baƙar fata zai yi haka a lokacin ya kwana lafiya? Yaron baƙar fata da ke zaune can saman benci, ni ban yi zaton dolo ya gani ba. Ya ga wanda ya fi kowa iyawa a filin, kuma irinsa ne. Jesse Jackson ma, wanda ba wanda zai ce ba ya cikin gwagwarmaya, ya kare su a kan wannan hujjar, cewa fifikon baƙaƙe suke nunawa, ba wautarsu ba.

Maman Hanif:
Malam na Damagaram, misalinka ya yi kyau, amma ka ƙarasa shi. Wawan sarki na sarki ne. Yana faɗar abin da ya ga dama, in an tashi fada sarki na nan a kan karagarsa, shi kuma yana jiran abin da za a miƙo masa. Ku duba yadda manyansu suka riƙa fita. Marques Haynes, wanda babu kamarsa a iya buga ƙwallo a ƙasa, ya bar Saperstein a 1953 a kan kuɗi ya kafa tasa. Tatum ya fita. Shi kansa Lemon a ƙarshen shekarun 1970 saɓani ne a kan kwantiragi ya fitar da shi, ya je ya kafa Bucketeers, daga baya wasu ƙungiyoyin, ba wadda ta kama ƙafar ta farko saboda sunan ba nasa ba ne. Sai a 1993 baƙar fata ya mallaki Globetrotters, wato Mannie Jackson, tsohon ɗan wasansu. Gwamnatin Amurka ma ta yi amfani da su lokacin yaƙin cacar baka, tana tura su ƙasashe don duniya ta ga wai baƙaƙe na jin daɗi a Amurka.

Malam Habibu Tudun Wada:
Koci, ina bayanka a maganar nan amma akwai gyara ɗaya da dole in yi, don kada a kama mu da ita. Ka ce ƙofar NBA a rufe take ga irinsa. Ga Tatum da Haynes wannan gaskiya ne. Ga Lemon kuwa ba daidai ba ne sosai. Lokacin da ya shiga Globetrotters an yi shekara 4 ko 5 da buɗe ƙofar. Ƙunci dai tana da shi, masu ƙungiyoyi ba sa son baƙaƙe su yi yawa a ƙungiya ɗaya, shi kuma bai yi suna a wasan jami'a ba, ɗan zaman da ya yi a jami'ar Florida A&M gajere ne kafin soja su ɗauke shi. Amma ba mu da labarin cewa ya ƙwanƙwasa NBA an kore shi. Yaron da ya ɗaura buhun albasa ba NBA ya gani a sinima ba, lokacin ma babu ita. Globetrotters ya gani, ita ya so, ita ya samu. Ina ganin in muka ce dole ce ta sa shi, mun rage masa wani abu. Sana'arsa ce ya zaɓa.

Koci Sale:
Malam na karɓi gyara, Allah ya ƙara sani. Gaskiya ne, na so in kare shi har na ɗora masa uzurin da shi bai nema ba.

To bari in tsaya a kan abin da na sani, wato fili. Maman Hanif ta tambaya hannunsa aka saya ko fuskarsa. Ƙanwata, ni a ganina ba a raba su, kuma nan ne wahalar aikin take. Ku lura da inda yake tsayawa. Yana ba kwando baya a wajen layin fawul, ƙwallo ta zo hannunsa, sauran huɗun suna giftawa ta gefensa da gudu ɗaya bayan ɗaya. Duk wasan ta hannunsa yake bi. Yana magana da wata tsohuwa a cikin 'yan kallo, idonsa na kanta, amma ya san inda kowane ɗan wasa yake, sai ka ga ƙwallo ta fita ta bayansa ta sami mutum a ƙarƙashin kwando. In ya makara da ƙiftawar ido, dariyar ta mutu, ƙwallon ma ta ɓace. Shekara 20 nake koya wa yara su ɗaga kai su daina kallon ƙwallo, na san tsadar wannan abin.

Sannan ga shaidar wanda ya fi mu sani. Wilt Chamberlain, mutumin da ya ci maki 100 a wasa ɗaya na NBA a 1962, ya yi kakar 1958 zuwa 1959 a Globetrotters tare da Lemon, har Mosko suka je tare a 1959. Dab da rasuwarsa a 1999 aka yi hira da shi, ya ce mutane za su ambaci Julius Erving ko Jordan, amma shi a wurinsa ɗan wasan da ya fi ba shi mamaki a duk wanda ya gani Meadowlark ne. Michael Jordan kuwa a Wilmington ɗin nan ya tashi, garinsu ɗaya, kuma ya ce Lemon na cikin waɗanda suka zaburar da shi yana yaro.

Abba Dogo:
Kawu shaidar aboki ce fa. Sun ci tare sun kwana a mota tare, me kake so ya ce? Ko a 2003 da aka sa shi a zauren girmamawa na Naismith, na duba, a rukunin waɗanda suka yi wa wasan hidima aka sa shi, ba a rukunin 'yan wasa ba. Su da kansu sun bambance.

Bulus Kagoro:
Sannunku da hira. Tun ɗazu nake karantawa, akwai labarin da ba wanda ya kawo, kuma ina jin zai yi wa Abba da Koci amfani su duka.

Ran 5 ga Janairu 1971, a wani ƙaramin gari, Martin, a jihar Tennessee. A daren nan 'yan Generals sun sa rigar New Jersey Reds, don sukan canza suna. Globetrotters suka shagala da barkwanci ba su lura da allon maki ba, su kuwa waɗancan duk abin da suka jefa shiga yake. Da suka farga an ba su ratar maki 12, saura minti 2. Suka ajiye wasa suka kama ƙwallo ta gaske, suka kamo. Sai Red Klotz, mai ƙungiyar Reds ɗin, yana da shekara 50 a lokacin, ya jefa ta shiga, 100 da 99. Saura 'yan daƙiƙu aka miƙa wa Lemon. Ya yi jifan nan nasa na hannu ɗaya da ya yi dubban sau. Ta ƙi shiga. Filin ya yi tsit, yara suka fashe da kuka.

Abba zai ce ka gani, ranar da aka tare shi da gaske ya kasa. Koci zai ce ka gani, da komai shiri ne da ta shiga. Ni abin da ya fi taɓa ni kukan yaran ne. Ba a yi wa dolo kuka.

Wani abu kuma, a 1986 aka naɗa shi fasto, kuma shekarunsa na ƙarshe a Scottsdale ta jihar Arizona ya yi su yana wa'azi, yana zuwa wurin matasa, har waɗanda ke tsare. Ban kawo wannan don addini ba, kowa da nasa. Na kawo ne don mutumin bai taɓa nuna yana jin kunyar aikin da ya yi ba. Har ya tsufa yana ɗaukar sa mutane farin ciki a matsayin kiran da aka yi masa.

Zainab Lamba 7:
Ina wuni iyayena. Ni ƙarama ce a nan amma ina buga wasa, bari in faɗi nawa. Anti Maman Hanif, na fahimce ki, kuma ban san zafin da baƙaƙen can suka sani ba. Amma abin da nake gani, duk abin da ake kira barkwanci a hannun Lemon yau shi ake yankowa a sa a intanet in ɗan NBA ya yi. Miƙa ƙwallo ba tare da kallo ba, miƙawa ta baya, jifa daga tsakiyar fili. Magic Johnson ya yi a shekarun 1980 yana murmushi aka ce gwaninta, Stephen Curry na jefawa daga nesa ya juya baya kafin ta shiga ana cewa gwaninta. Su waɗancan da suka fara aka ce musu wawaye. Kuma wannan ƙungiyar ce ta ɗauki mace, Lynette Woodard, a 1985, shekara 12 kafin a fara gasar WNBA, wato NBA ta mata. A wurina wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Maman Hanif:
Zainab 'yata, kin yi magana mai kyau, Allah ya ba ki nasara a wasanki. Bambancin da nake gani shi ne Magic in ya ga dama ya ɗaure fuska ranar, ba wanda zai rage masa albashi. Lemon ba shi da wannan damar. Ko yana zazzaɓi, ko an hana shi abinci a gidan cin abinci awa biyu kafin wasa, dole ya fito yana washe baki.

Malam Bulus, labarin yaran ya taɓa ni nima. Kuma na yarda da Malam Habibu cewa shi ya zaɓa. Sai dai ina so a tuna garin da ya yi zaɓin a cikinsa. Wilmington ɗin nan a 1898 turawa ɗauke da bindigogi suka kifar da zaɓaɓɓun shugabannin gari, suka ƙona gidan jaridar baƙaƙe, suka kashe mutane, wasu da yawa suka gudu ba su dawo ba. Shekara 34 kacal kafin a haife shi, tsofaffin unguwarsu sun gani da idonsu. Yaron da ya tashi a nan ya san irin baƙin mutumin da ake bari ya yi suna da irin wanda ake kora. Shi ban ga laifinsa ba ko kaɗan. Waɗanda suka fi son ganin sa da bokiti a kan ganin sa da kofi, su nake tuhuma, kuma ban sauka daga kan wannan ba.

Ɗan Damagaram:
A kan wannan kam Hajiya ba mu da saɓani.

Abba Dogo:
Kawu Sale, na dawo da rahoto kamar yadda ka ce. Yau da yamma na tsaya a tsakiyar fili, a karkace, hannu ɗaya. Na yi 50, biyu suka shiga, ɗaya ma sai da ta bugi allo. Wajen na 30 kafaɗata ta fara zafi. Sannan na ce wa abokina ya tsaya yana min magana ina ba shi amsa ina jefawa, na ƙara 20, ko zobe ban taɓa ba sai sau uku. Har yanzu ina nan a kan cewa ba mu san me zai yi ba da Russell ne a gabansa, kuma ba za mu taɓa sani ba. Amma kalmar dirama da na faɗa na janye ta.

Koci Sale:
Madalla Abba. Ka sa ƙanƙara a kafaɗar, kada ka sake jifa sai Asabar. Kuskurenka na san shi tun ban gani ba, da hannu kake turawa, shi kuwa daga ƙafa yake ɗauko ƙarfin, ka sake kallon yadda yake taka ƙafar hagu kafin ya saki. Ran Asabar ka zo da wuri ka taya ni, na sa a samo min buhun albasa da waya da gwangwanin madara, ina so ƙananan su fara jefawa a ciki kafin in nuna musu bidiyon. Maman Hanif, in ba damuwa ki turo min abin da kika rubuta a kan 1898 da maganar Russell ta murya, manyan cikinsu sun isa su ji shi daga bakinki.